Taliyar Gilashi da Dankalin da Ke Gonarmu

Soyayyar taliya ta zama girkin yayi a Dutsin-Ma. Daga ɗakunan ɗaliban Jami'ar Tarayya da na Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita, zuwa madafin amare, har teburin mai shayi, yanzu ba a tsaya ga dafa taliya a kwarara mata miya ko mai da yaji ba. Tafasa ta ake yi sama-sama, a tsane, a jefa ta cikin kasko mai zafi tare da kabeji da karas da albasa da ƙwai. A Kurfi ma abin ya shiga gidaje, musamman da azumi, lokacin da kowace uwargida ke neman abin da za ta canza wa iyali baki da shi. Kwanan nan kuma wata baƙuwa ta fara leƙowa ta wayoyin 'yan mata: taliyar gilashi, siririya, wadda in ta dahu sai ka riƙa hango cokali ta cikinta. A finafinan Koriya da bidiyon girki na TikTok suke ganinta, sai a yi saƙonta daga manyan kantunan Kano ko Abuja, domin ba kayan da za ka tarar a kan tebur a kasuwanninmu ba ne.

Ina goyon bayan wannan yayi da zuciya ɗaya. Abin da ke damuna kawai shi ne mun ɗauko shi ta inda ya fi tsada, mun bar inda ya fi amfani.

Da farko, wannan taliya ba ta haɗa komai da alkama ba. Sitaci ne tsantsa da ruwa. A China ana yin siririyar da sitacin wani ƙaramin koren wake, kuma wadda ta fi suna ita ce ta Longkou a lardin Shandong. A Koriya da sitacin dankali ake yi, irin dankalin Hausa ɗin nan mai zaƙi da muke dafawa mu ci da ƙuli, shi ya sa tasu ta fi kauri, ta fi danƙo, kuma launinta ya ɗan yi toka-toka. Da ita suke girka japchae, abincin da ba a rasa shi a bukukuwansu. Mutanen Tailan suna soya tasu da ƙwai da ganye, na Filifin suna zuba ta a romon kaza. Wani abu game da japchae ya kamata masu kwaikwayonsa su sani: lokacin da aka fara yin sa a fadar Sarki Gwanghaegun, a farkon ƙarni na 17, babu taliya ko ɗaya a ciki. Ganyaye ne da sauran kayan lambu aka yayyanka aka soya. Sai a ƙarni na 20 taliyar ta shigo. Ke nan ran girkin yana cikin kayan lambun da yadda aka sarrafa su, taliyar daga baya ta tarar da shi.

To, kayan lambu kuwa mu ba baƙinsu ba ne. Madatsar ruwa ta Zobe, da aka kammala a 1983 a kan kogin Karaduwa, tana nan kudu da Dutsin-Ma, ga fadamu da masu noman rani. Daga shigowar hunturu zuwa bazara tattasai da albasa da kabeji da karas da latas sukan cika kasuwa, wani lokaci har manomi ya rasa mai saye a farashin da zai mai da masa kuɗin taki. Amma dubi yadda muke yi da su a gida. Mu markaɗe, mu ɗora a wuta awa guda, mu soye har mai ya taso sama, launi ya gudu, ganye ya mutu murus. Miyarmu tana da daɗinta, ba na musun wannan, kuma babu abin da zai ture miyar kuka ko taushe daga kan tuwo. Sai dai hanya ɗaya muka riƙe shekara da shekaru, alhali ganye yana da wata fuska da ba ya nunawa sai an ba shi wuta mai ƙarfi na ɗan lokaci kaɗan. Karas ya fito da sauran ƙarfinsa a haƙori, kabeji da zaƙinsa, lawashi da ƙamshinsa. Yaron da ke tsince albasa daga miya yana ajiyewa a gefen kwano, sai ka ga ya share faranti bai bar ko yanki ba.

Ga kuma maganar wuta, wadda kowace mace ta san zafinta. Tun da aka cire tallafin man fetur a ranar 29 ga Mayun 2023 komai ya tashi, gas da gawayi da kuɗin ɗauko su. Itacen da a da ake shiga daji a saro, yanzu a yankinmu na Kurfi da Safana da Batsari shiga dajin ma da rai a hannu ake yi. Girkin da duk zamansa a kan wuta bai wuce minti goma ba taimako ne ga gidan talaka, ba ƙwalisa ba. Aikin duk a yanka yake, wuƙa kuwa ba ta cin gawayi.

Wadda ta samo taliyar, ga abin da zai hana ta asara. Kuskuren da aka fi yi shi ne a ɗauke ta tamkar sufageti, a bar ta tana tafasa har ta caɓe ta dunƙule. Siririyar ta wake ba ta ma buƙatar tafasa: a jiƙa ta a ruwan ɗumi kamar minti 10, ta yi laushi, a tsane, a rage tsawonta da almakashi. Mai kaurin ta dankali ita ce ake tafasawa minti 6 ko 7, a ɗauraye da ruwan sanyi, a murza mata ɗan man riɗi don kada ta manne. Kafin a kunna wuta a tabbata an gama yanka komai siri-siri, an jera a kusa, domin da zarar kasko ya ɗau zafi babu sauran lokacin ɓare tafarnuwa. Ba sai an sayi wani kasko na musamman daga waje ba. Kaskon tuyar ƙosai mai zurfin tsakiya, shi ne daidai. Mai cokali biyu ya isa. A fara da nama ko kaza da aka yanka falle-falle, a kwashe. A sa citta da tafarnuwa da attarugu, sai karas don ya fi tauri, sai tattasai da kabeji, alayyafo ko zogale a ƙarshe. Kada a cika kasko, in aka cika ruwa zai fito, suya ta koma dahuwa. In mutanen gidan da yawa, gara a yi sau biyu.

Sannan a tuna ita wannan taliya ba ta da ɗanɗanon kanta ko kaɗan. Abin da aka ba ta shi take sha, kuma tana sha sosai. Saboda haka a ajiye rabin kofi na romo mai kyau, a zuba lokacin da aka jefa ta cikin kasko, a juya har ta shanye. A ƙasashen da ta fito, da baƙin ruwan waken suya, wato soya sos, suke ba ta ɗanɗano. Ni kuwa daddawa nake dakawa, in jiƙa a romo mai zafi, in tace, in sa gishiri da ɗan sukari kaɗan. Ɗanɗanon ba iri ɗaya ba ne, amma duka biyun daga tsimammen wake ko kalwa suka fito, kuma namu harshen ya riga ya san daddawa. A yayyafa soyayyen riɗi a sama. In akwai ragowar tsire na jiya, ko gasasshiyar tarwaɗa, sun fi kowane nama shiga.

Wata goggota a Kurfi, da aka kai mata faranti, ta ɗaga silin da cokali ta dube shi, ta ce, "Ke 'yar nan, wannan zaren zai riƙe cikin wanda ya wuni a gona?" Aka ce mata, "Goggo, ai na marmari ne." Ta ce, "To, a dai ƙara ƙwai."

Gaskiyarta. Masu tallar taliyar a intanet sukan ce abincin rage ƙiba ce, wasu har da cewa ta dace da mai ciwon suga. Kada kowa ya ruɗu da haskenta. Sitaci ce, kusan babu sinadarin gina jiki a cikinta, ta wannan fannin ma taliyar alkama ta fi ta. Amfaninta na musamman yana ga wanda jikinsa ba ya karɓar alkama. Mai ciwon suga ya tambayi likitansa, kada ya tambayi mai talla. Faranti mai kyau shi ne wanda ganye da nama ko ƙwai ko awara suka rinjayi taliya, ba wanda aka tula taliya aka ɗan ɗiga karas don hoto ya yi kyau ba. Ba girin-girin ba dai, ta yi mai. Haka nan wadda ke bin girki daga bidiyon waje ta lura, da yawa daga cikinsu akwai naman alade ko giyar shinkafa. A cire su, romo da ɗan lemun tsami sun wadatar. Kwalbar soya sos da za a saya a karanta abin da ke jikinta, a duba lambar NAFDAC da ranar lalacewa.

Masu cewa wannan duk kwaikwayon baƙi ne, na fahimci tsoronsu, don ni ma ba na son ranar da 'yar Bahaushe za ta iya japchae ta kasa tuƙa tuwo. Amma tukunyarmu ba ta taɓa rufe ƙofa ba. Tumatir da barkono da masara da rogo da shi kansa dankalin duk daga nahiyar Amurka suka zo. Gurasa da alkaki sun biyo fataken Larabawa zuwa Kano. Misalin da ya fi kusa da mu shi ne awara. Asalinta abincin mutanen China ne mai daɗaɗɗen tarihi, kuma bazuwarta a ƙasar nan ba ta daɗe ba: a shekarun 1980 ne cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta dage wajen koya wa mutane sarrafa waken suya a gida. Yau wa zai tsaya a ƙofar makarantar firamare a Kurfi ya ce awara baƙuwa ce? Ta zama tamu ne saboda waken a gonarmu yake, ruwan tsamin a gidanmu yake, ribar kuma tana shiga hannun matan aure da zawarawa da ke tallafa wa 'ya'yansu da ita.

Indomie ta bi wata hanyar daban. Daga Indonesiya ta zo, aka kafa masana'antarta a Ota ta Jihar Ogun a tsakiyar shekarun 1990, yau babu ƙauyen da ba ta kai ba. Ta ciyar da ɗalibai, ta ba masu shayi sana'a. Sai dai ita da sufageti, har da taliyar murji da iyayenmu ke shanyawa a kan igiya, duk 'ya'yan fulawa ne, mafi yawan alkamar da ake niƙawa a Najeriya kuwa daga waje ake shigo da ita. Dala ta motsa, farantin yaro ya ragu.

Taliyar gilashi tana iya bin ɗayan hanyoyin nan biyu, kuma ni hanyar awara nake yi mata fata. Najeriya ce kan gaba a duniya wajen noman rogo, kusan tan miliyan 60 a shekara, kuma tana cikin ƙasashe biyar na farko a noman dankali. Dankali ba ya jure ajiya, da kaka yakan yi arha har ya ruɓe a hannun manomi. Fitar da sitaci kuwa ba sabon ilimi ba ne ga macen da ta iya gasara: a goge, a tace, a bari ya kwanta, a tsiyaye ruwan sama, a shanya. Daga nan masu yin taliyar sukan dama kaɗan daga sitacin da ruwan zafi ya zama talge, su kwaɓa sauran da shi, su tsiyayo kwaɓin ta ƙwarya mai huji-huji zuwa cikin tafasasshen ruwa, su tsamo cikin ruwan sanyi, su rataye a sanduna.

Akwai wahala a ciki. Sitacin rogo shi kaɗai yana da danƙo fiye da kima, sai an gwada an gano gaurayen da zai tsaya. Ta dankali kuma a ƙauyukan China da sanyin hunturu suke yin ta, su bar ta ta daskare cikin dare kafin shanya, don silin ya rabu da juna. Hunturunmu yana busarwa amma ba ya daskararwa, firiza kuwa sai da wutar da za a dogara da ita. Waɗannan matsaloli ne na gwaji da awo, irin waɗanda jami'a ta san kansu. Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, da aka kafa a 2011, tana da sashen kimiyyar abinci, kuma kowace shekara ɗaliban ajin ƙarshe suna neman abin da za su yi bincike a kai. Ina roƙon malamansu su ba wasu daga ciki wannan aikin: wane irin dankalinmu ne ya fi ba da sitaci, kashi nawa na rogo zai shiga, yaya za a raba silin in babu firiza. In sun samo amsa kada ta tsaya a kan kantar laburare. A kira ƙungiyoyin matan Kurfi da Dutsin-Ma masu awara da masu taliyar murji, a nuna musu da hannu, da Hausa, da kayan da za su iya saye a kasuwa.

Kafin nan, wadda ba ta da kuɗin saƙo daga Kano kada ta ji an bar ta a baya. Ta tafasa taliyar murji ta tsame ta da sauran ƙarfinta, ta shafa mata ɗan mai, ta yanka abin da mai kayan miya ya kawo da safe, ta sa kaskon ƙosai a wuta ya yi zafi sosai kafin ta zuba komai.