Basasa, Bauta da Faɗuwar Kano: Littattafai Huɗu da Ba Na Gajiya da Yabonsu

Duk wanda ya ce littafin tarihi maganin barci ne, to bai haɗu da Adamu Mohammed Fika ba. Littafinsa The Kano Civil War and British Over-rule, 1882–1940, wanda aka buga a Ibadan a 1978, shi ne ya hana ni barci, shi ne kuma ya ja ni zuwa ga wasu guda uku da na zo in yi wa kirari tare da shi. Idan aka jera huɗun nan, labari ɗaya suke bayarwa: yadda Kano ta bijire wa umarnin Sakkwato ta faɗa yaƙin cikin gida, yadda mulkinta da arzikinta suka tsayu a wuyan bayi, da yadda ta faɗa hannun Nasara a 1903 amma bautar ta ƙi mutuwa. A wurina, cikin duk abin da aka rubuta a kan garin nan, babu kamarsu.

Fika ya iya saƙa labari, Allah Ya sani. Ya faro ne daga rasuwar Sarki Abdullahi Maje Karofi a 1882, wanda ya bar 'ya'ya rututu a kan sarautu. Ɗan'uwansa Muhammadu Bello ya hau gado, ya shiga tuɓe su ɗaya bayan ɗaya yana share wa ɗansa Tukur hanya. Da Bello ya rasu a ƙarshen 1893, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya ce Tukur za a naɗa, saboda jarumtar da ya nuna a yaƙin Argungu. Wazirin Sakkwato Buhari yana Kano a lokacin, shi ya cika umarnin. Yusufu ɗan Maje Karofi ya kwashi 'yan'uwansa da barorinsu suka fice, suka kafa sansani a Takai. Daga nan ƙasar Kano ta rabu biyu, Tukurawa da Yusufawa. Yusufu bai ga ƙarshen abin ba, ya rasu a 1894, aka miƙa tuta ga ƙanensa Aliyu Babba, wato Alu, wanda mahaifiyarsa 'yar gidan sarautar Sakkwato ce. Cikin shekarar Alu ya ci birni, Tukur ya gudu, aka cim masa a Tafashiya a 1895, daga nan kwanansa ya ƙare. Sakkwato, wadda ta ce ba haka ba, dole ta haɗiye maganarta ta karɓi Alu.

Wannan jerin sunayen kowane ɗalibi zai iya haddacewa. Abin da ya sa nake jinjina wa Fika shi ne bai tsaya a fada ba. Ya leƙa ƙauyukan da aka ƙona, ya nuna hakiman da suka riƙa sauya sheƙa, ya kuma faɗi maganar da ba a son faɗa: a cikin basasar nan an kama Musulmi 'yantattu an kashe, an kama wasu an sayar, don kawai sun bi wancan ɓangaren. Yana faɗin wannan cikin natsuwa, ba zagi, ba kare kowa. Sa'annan ya ɗaura zaren da zuwan Turawa, ka ga yadda raunin basasa bai warke ba har ranar 3 ga Fabrairu 1903, ranar da dakarun Kanar Morland suka fasa ganuwa suka shiga birni alhali Alu yana can ya tafi Sakkwato. Waziri Ahmadu ya faɗi a Kwatarkwashi, Wambai Abbas ya dawo da jama'a gida aka naɗa shi sarki, Alu kuwa aka kai shi Yola, daga baya Lakwaja, inda ya rasu a 1926. Kai, na karanta babin nan ina jin tsikar jikina na tashi.

Amma Fika ya bar ni da tambaya: su wane ne suka riƙe bindigogin yaƙin nan? Amsar tana hannun Sean Stilwell, a littafinsa Paradoxes of Power na 2004, kan bayin sarki na Kano daga 1804 zuwa 1903. Shamaki, Ɗan Rimi, Sallama: sunayen da muke ji a hawan Sallah muna tafi, ashe a wancan zamani su ne ƙashin bayan mulki. Su ke tsare ƙofar sarki, su ke isar da saƙo tsakaninsa da hakimai, su ke kula da gandaye da dawaki, kuma a hannunsu 'yan bindiga suke. Sarki ya fi amincewa da su a kan 'yan'uwansa na jini, domin bawa ba ya neman gadon sarauta. Stilwell ya nuna yadda bayin gidan Maje Karofi da Bello ya ture suka zama ƙarfin Yusufawa, har ya zamana ba a gane basasar sai an gane su. Abin da ya fi taɓa ni a littafin shi ne yadda ya riƙe gaskiya biyu a hannu ɗaya: mutum ne mai doki da alkyabba da barori, hakimi na durƙusa masa, amma kuma bawa ne, ana iya tuɓe shi a ƙwace abin da ya tara a yini guda. Ko bayan zuwan Turawa ƙarfinsu bai karye ba, don a 1908 Razdan Cargill ya ɗauki Ɗan Rimi Allah Bar Sarki ya ba shi sarautar Waziri, abin da ya girgiza fada kafin a warware shi.

Na uku shi ne wanda na fi ƙauna, in dai za a tilasta mini zaɓe: The West African Slave Plantation na Mohammed Bashir Salau, 2011. Shi ya bar fada ya shiga gona. Gari ɗaya ya ɗauka, Fanisau, nan kusa da filin jirgi, wadda daga Fagge ba wata tafiya ba ce. Sarki Ibrahim Dabo ya mai da ita ribaɗi lokacin da yake fama da tawayen Ɗan Tunku, can ma Baturen nan Clapperton ya je ya gaishe shi a 1824. A kewayenta aka shimfiɗa gandayen sarki da na attajiran birni, bayi na noma dawa da gero da auduga da baba. Salau ya jingina da hirarrakin da Yusufu Yunusa ya naɗa a kaset a shekarun 1970, daga bakin tsofaffin da suka ga abin ko iyayensu suka gani. Saboda haka a shafukansa za ka ji ƙarfe nawa ake fita gandu, wa ke tsaye a kan ma'aikata, yaushe bawa ke samun sararin noma 'yar gayaunarsa, yadda ake aure, yadda ake horo, yadda ake gudu. Madalla da wannan aiki! Mutanen da tarihin sarakuna ya tsallake, ya dawo da su da sunan aikinsu da gumin goshinsu.

Kwafin Fika da nake da shi a wurin masu tsofaffin littattafai na Kasuwar Sabon Gari na tsinto shi, bangonsa an ɗaure da salatif, gefen shafukan cike da rubutun fensir na wani mai karatu da ya riga ni. Na riƙa kai shi majalisarmu a Fagge bayan La'asar, ina karantawa ina mayarwa da Hausa. Ranar da na haɗa da littafin Salau na karanto labarin Fanisau, wani dattijo da ba ya yawan magana ya ɗaga hannu ya ce, “Tsaya, ɗana. Maimaita wurin nan.” Na maimaita. Ya ce, “Haka kakata take faɗa. A rinji aka haife ta. Mu muna yara mun ɗauka tatsuniya ce.” Na ce, “Baba, ga shi kuwa a rubuce.” Ya karɓi littafin ya jujjuya shi, duk da ba ya karanta Turanci, ya miƙo mini ya ce in ci gaba. Littafin da zai sa dattijo ya buɗe bakin da ya rufe shekara da shekaru, wane yabo ne ya yi masa yawa?

Na huɗu shi ne ya rufe labarin: Slow Death for Slavery na Paul Lovejoy da Jan Hogendorn, 1993. Sun ƙiyasta cewa wajen 1900 akwai bayi tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5 a Daular Usmaniyya. Da yawanmu an koya mana cewa Lugga ya zo ya hana bauta, shi ke nan. Su kuwa sun buɗe takardun mulkin mallaka da na kotunan alƙalai sun nuna abin da ya faru a zahiri. An hana kai hari da cinikin bayi, an ce duk yaron da aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 ɗa ne, amma wanda ke cikin bauta ba a sake shi ba. Turawa na tsoron gonaki su mutu, sarakunan da suke mulki ta hannunsu su juya musu baya. Sai aka bar bawa ya nemi kuɗi ya biya murgu, ya tara ya fanshi kansa a gaban alƙali, ga kuma haraji na jiransa. Wanda ya gudu, a hana shi gona. Sa-ɗaka kuwa ta ci gaba abinta. Ba a soke bauta ɗungurungum a Arewa ba sai 1936. Yadda suka bi wannan dabara daki-daki, da hujja a kan hujja, abin sha'awa ne ƙwarai. Ba su ɗaga murya ba, amma ka gama karantawa zuciyarka na tafasa.

A nan ne littattafan suka iso ƙofar gidanmu. Fagge tun asali zangon fatake ce, inda ayarin raƙuma ke sauka a wajen ganuwa, kuma cikin hajar da ke bi ta hanyoyin Sahara har da mutane. Wani Bature mai suna Barth, wanda ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta bayin da ake fitarwa daga garin a shekara da kimanin 5,000. Jirgin ƙasa ya iso a 1911, cinikin gyaɗa ya ɓarke a 1912, aka yanka Sabon Gari wajen 1913 don baƙin da sabon zamani ya kwaso. Salau ya nuna cewa cikin gyaɗar da ta cika kantunan Turawa akwai wadda bayi da 'ya'yan bayin Fanisau suka noma, wasu don iyayengijinsu, wasu don tara kuɗin fansa. Tun da na san haka, idan na ratsa ta Kantin Kwari na miƙe zuwa Sabon Gari, da wani ido nake kallon unguwannin nan.

Amurkawa sun cika ɗakunan karatu da littattafai kan jihohi 11 na Kudu da suka ɓalle don kare bauta, aka gwabza tasu basasar daga 1861 har Janar Lee na Kudu ya miƙa wuya a Appomattox ranar 9 ga Afrilu 1865. Battle Cry of Freedom na James McPherson, 1988, ya isa misali, kuma na ji daɗinsa matuƙa. Tamu bautar ta sha bamban da tasu: ba a kan launin fata aka gina ta ba, bawa na iya riƙe sarauta, ɗan ƙwarƙwara na iya zama sarki. Amma uwar da aka raba da ɗanta a kasuwa, kukanta ɗaya ne ko a Richmond ko a Kurmi. Su sun zauna sun tattauna nasu tabon a fili. Mu ma ga malamai huɗu, biyar ma in an ƙirga Hogendorn, sun share mana fage, kuma ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Sanin wannan ba ya rage wa Kano daraja. Ƙara mata yake yi, domin ya shigo da waɗanda suka noma abincinta, suka rina tufafinta, suka tsare ƙofofinta cikin labarinta.

Kukana ɗaya ne: duka da Turanci suke, kuma samunsu sai an sha wuya, sabonsu kuwa kuɗinsa ya fi ƙarfin ɗalibi. Ina roƙon malaman tarihi na Jami'ar Bayero da na Gidan Makama da masu hannu da shuni na Kwari da Singa su haɗa kai a nemi izini a mayar da su Hausa, a karanta su a rediyo yadda ake karanta littattafan hikaya. Kafin wannan rana, ɗan'uwa mai karatu, ka fara da Fika don ka san yaƙin, ka bi da Stilwell don ka san fada, ka shiga gona da Salau, ka rufe da Lovejoy da Hogendorn. In ka samu kwafi, kada ka kulle shi a kabad. Ka karanta, ka ba maƙwabcinka aro, sa'annan ka je ka tambayi tsofaffin gidanku abin da suka ji daga nasu kakannin tun suna raye. Allah Ya saka wa waɗannan marubuta da alheri, Ya jiƙan waɗanda suka rubuta labarinsu.