4.3 Jigon Mallakar Ƙasar Daji a Fim Ɗin Kantara

Kantara fim ne na harshen Kannada wanda Rishab Shetty ya rubuta, ya ba da umarni, ya kuma fito a matsayin tauraro a shekarar 2022. Babban jigonsa shi ne tambayar wane ne mai daji: mutanen da suka gaji zama a cikinsa, ko mai takarda, ko kuwa hukuma?

An warware jigon ta zamani uku. A 1847 wani sarki ya bai wa mazauna daji fili a madadin abin bautarsu, Panjurli, aka yanke iyaka daidai inda ƙarar ihun abin bautar ta tsaya. A 1970 wani daga zuriyar sarkin ya nemi a mayar masa da filin, ya mutu a matakalar kotu yana aman jini. A 1990 kuma malamin daji Murali ya zo da umarnin mayar da wurin gandun hukuma, ya yi karo da Shiva, gwanin tseren ɓauna, alhali mai gonaki Devendra yana lallaɓa talakawa don ya haɗiye filin.

Abin yabo a nan shi ne yadda aka nuna cewa hujjar mutanen ƙauyen tana cikin baki da al'ada, wato wasan Bhoota Kola mai kama da hawan bori, hukuma kuwa ba ta san komai ba sai takarda. Wannan ya dace da tarihi. Dokokin daji na Turawan Ingila na 1865 da 1878 da 1927 sun sa dazuzzuka da yawa a hannun gwamnati, har waɗanda kakanninsu suka zauna a ciki suka koma tamkar masu kutse.

Sai dai warwarar jigon ta yi rauni a ƙarshe. Shiva ya kashe Devendra ne bayan da Guliga ya hau kansa, sannan a wasan ƙarshe aka haɗa hannun Murali da na mutanen ƙauye alamar sulhu. Ba a nuna wani haƙƙi da aka rubuta musu ba. Ke nan zamansu ya dogara ga kirkin ma'aikaci guda, wanda ana iya canja masa wurin aiki gobe. An kawar da azzalumi, an bar tushen zaluncin.

Za a ƙara ganin wannan giɓi idan aka dubi Dokar Haƙƙin Daji da majalisar Indiya ta zartar a 2006. Dokar ta amince da filin da iyali ke nomawa kafin 13 ga Disamba 2005, har zuwa hekta 4, da haƙƙin kiwo da tsintar albarkatun daji, ta kuma sa karɓar ƙorafi ya fara daga taron ƙauye. A 2013 Kotun Ƙoli ta miƙa batun haƙar ma'adini a tsaunin Niyamgiri ga irin wannan taro, ƙauyuka 12 suka ƙi amincewa. Duk da haka, a Fabrairun 2019 kotun ta ba da umarnin tashin waɗanda aka ƙi karɓar buƙatunsu, kafin ta dakatar da umarnin a cikin watan.

Ana iya cewa labarin ya tsaya a 1990, don haka ba zai ambaci dokar ba. Gaskiya ne, amma masu kallonsa na 2022 ne, kuma su aka nuna wa cewa riƙon alkawari ya wadatar. A taƙaice, Kantara ya yi nasara wajen fito da ƙaunar mutum ga ƙasarsa, ya gaza wajen nuna cewa ba a kare wannan ƙasa sai da haƙƙin da kotu za ta yarda da shi.