Littafin da Bompai ke jira

A filin namu na adabi yau za mu leƙa Faransa, wurin marubuci Jean-Patrick Manchette, wanda aka haifa a Marseille a 1942, ya rasu a Paris a 1995.

Kafin shi, yawancin labaran 'yan sanda wasa ƙwaƙwalwa ne: an tsinci gawa, jami'i ya bi sawu, ya cafke mai laifi, kowa ya koma barci. Manchette bai yarda da haka ba. Littafinsa na 1971, L'Affaire N'Gustro, ya samo tushe daga ɓatar da Ben Barka, ɗan adawar Maroko da aka sace a Paris a 1965. A Nada kuwa, na 1972, wasu 'yan tawaye ne suka yi garkuwa da jakadan Amurka, kuma kafin ka rufe littafin sai ka rasa wa ya fi wani mugunta, su ko hukumar da ke farautarsu. Ba ya tsayawa bayyana abin da ke zuciyar mutum. Zai gaya maka irin motarsa da bindigarsa da abin da ya aikata, sauran kai ka ƙarasa.

To, mu ma an taɓa share mana wannan hanya. A 1982 kamfanin buga littattafai na NNPC da ke Zariya ya fitar da Ƙarshen Alewa Ƙasa na Bature Gagare, labarin Mailoma da gungunsa, da Turmin Danya na Sulaiman Ibrahim Katsina, kan fasa-ƙwauri. Sai adabin kasuwar Kano ya zo, soyayya ta cinye kasuwa. Ba laifi ba ne, ita ce ta koya wa dubban mata da matasa son karatu. Amma hanyar ta yi ciyawa.

Alhali ga abin rubutawa a Kano: ga hedikwatar 'yan sandan jiha a Bompai, kusa da masana'antun da injinansu suka yi shiru saboda rashin wuta da kwararowar kayan waje. Ga masaƙun Sharada, ga kamfanonin jima na Challawa da ruwan da suke zubarwa. Leburan da aka sallama, ɗansa da ya shiga daba ko ƙwacen waya, da attajirin da ke shigo da atamfa ta bayan fage, duk a labari ɗaya suke. Marubutanmu, wa zai fara?