Layar Zana a Jikin Bango: Nazari a Kan Dabon Finafinan Farko

Duk wanda ya yi ƙuruciya a karkarar Ɗambatta ko Bichi zai tuna daren da motar majigi kan sauka ƙofar gidan dagaci bayan an kai amfanin gona gida. Kanawan birni, inda aka buɗe sinimar Rex a 1937, sun laƙaba wa abin suna dodon bango. Sunan ya dace, domin tun sana'ar tana jaririya take wasa da dodanni.

A 1896 wani ɗan dabo Bafaranshe, Georges Méliès, ya shirya fim na kimanin minti 3 mai suna Le Manoir du Diable, wato gidan Shaiɗan. Babu magana a cikinsa. Jemage ya rikiɗe ya zama Shaiɗan. Wani jarumi ya zo zai zauna, kujera ta ɓace, can ta dawo da ƙwarangwal a kanta.

Sirrin ba wani mai zurfi ba ne. Sai a tsayar da na'urar ɗaukar hoto, a janye kujera, a ci gaba da ɗauka, sannan a yanke zaren fim a liƙe. Fatalwar cikin fim ɗin ma da wannan dabarar aka fito da ita. Layar zanar ke nan.

A ganina fim ɗin yana da rauni: labarin ba shi da kauri, kuma na'urar a kafe take wuri guda. Amma ya yi gwaninta a abu ɗaya, wato ya mai da abin tsoro abin dariya, kamar yadda tatsuniya kan bar Gizo ya yi wa Dodo wayo yara su kwanta da murmushi.

A nan ne wasu finafinanmu na Hausa, waɗanda suka bunƙasa bayan Turmin Danya na 1990, suka yi sake. Sun ari dabarar, suka bar dariyar. Boka ya ɓace, a saka kiɗa mai razanarwa, yaro ya tashi yana ganin boka na da iko. Wannan ya taɓa tarbiyya, har ma da aƙida.

Saboda haka ina kira ga malaman makaranta: da wayar hannu guda za ku iya ɓatar da ɗalibi a gaban 'yan ajinsa, sannan ku nuna masu yadda aka yi. Yaron da ya ga inda aka liƙe zare, da wuya ɗan damfara ya yi masa rufa-ido.