Ibrahima Sylla: sunan da ke bayan kaset

Mai sayen kaset hoton mawaƙi yake dubawa, ba kasafai yake juya kwalin ya karanta ƙananan baƙaƙen da ke baya ba. Amma a can ne ake rubuta sunan wanda ya zaɓi waƙoƙin, ya tara makaɗa, ya biya kuɗin situdiyo, sannan ya fitar da faifan kasuwa da sunan kamfaninsa. Cikin kiɗan zamani na Afirka ta Yamma da ta Tsakiya, kaɗan ne suka riƙe wannan matsayi kamar Ibrahima Sylla, ɗan ƙasar Senegal da ya rasu a birnin Paris ran 30 ga Disamba 2013. Ba a san shi da waƙa ko kiɗa ba. Kunne ne jarinsa, don haka a kan abin da kunnen nan ya zaɓa ya kamata a auna shi.

An haife shi a shekarar 1956 cikin gidan malamai, ya tafi Faransa karatu cikin shekarun 1970, inda son faifan ƙasar Kuba ya rinjaye shi. Ya fara sana'ar a Dakar tare da ƙungiyar Orchestra Baobab, daga baya ya kafa kamfanin Syllart a Paris. A lokacin mawaƙan Kongo da Mali da Gine da Senegal suna ta kwarara can don neman situdiyo na kirki, wanda ya yi ƙaranci a gida. Sylla ya zame musu uban gida irin na zamani. Bahaushe ya san makaɗin fada ba ya rayuwa sai da sarkin da ke ba shi riga da doki. Bambancin kawai shi ne, wannan uban gidan ba kirari yake bukata ba, faifan da zai sayu yake so.

Aikin da ya fi fito da sunansa shi ne Soro na Salif Keita, wanda ya fito a 1987. Sylla ya haɗa muryar mawaƙin na Mali da Faransawa biyu masu tsara kiɗa, François Bréant da Jean-Philippe Rykiel, waɗanda suka kewaye ta da na'urorin kiɗa na lantarki da kayan busa da amshin mata. An zargi faifan da sanya wa waƙar Mande tufafin aro don ta shiga kunnen Turawa. Zargin yana da tushe, domin wasu sautukan na'urar sun tsufa, da jin su an san shekarar da aka yi su. Sai dai wanda ya sake saurare a natse zai ga muryar ce ke jan ragama, na'urori suna biye da ita, suna ja da baya idan ta ɗaga. Wannan ladabi da na'ura ta yi wa murya shi ya sa Soro bai mutu ba.

Inda aka rasa ladabin, aikin ya yi rauni. Cikin ɗimbin faifan rawa irin na Kongo da aka riƙa bugawa a Paris a wancan zamani, har da na Syllart, akwai waɗanda gangar na'ura ɗaya da salon jita ɗaya suka mayar da su kamar tagwaye. An yi su ne don daren biki, da gari ya waye aka manta da su. A nan ɗan kasuwa ya rinjayi mai kunne, kuma mai nazari ba zai rufe ido a kan haka ba don girman mamaci.

Abin da ya ɗaukaka Sylla a kan takwarorinsa shi ne, ya iya gyara hanyarsa da kansa. A farkon shekarun 1990 ya haɗa kai da Boncana Maïga, ɗan Mali da ya yi karatun kiɗa a Kuba, suka kafa Africando. Sun kai mawaƙan Senegal, Pape Seck da Médoune Diallo da Nicolas Menheim, birnin New York, suka rera da harsunansu bisa kiɗan salsa na ƙwararrun makaɗan can. Faifan farko, Trovador, ya fito a 1993. Kiɗan da zuriyar bayi suka raina a hayin teku ya sake gamuwa da harshen Wolof, kuma hannun mutum ne ke buga ganga. Daga baya ya tara dattawan mawaƙan Kongo cikin ƙungiyar Kékélé, suka koma ga rumba mai sanyi da jita marar lantarki. Wanda ya taimaka wajen shigo da na'ura shi ne ya nuna inda amfaninta ya tsaya.

Wataƙila aikinsa mafi ɗorewa shi ne wanda ya fi ƙarancin hayaniya. Kamfanin Syliphone na gwamnatin Gine ya durƙushe bayan rasuwar Sékou Touré a 1984, faifansa suka ɓace daga kasuwa. Sylla ya nemi izni ya sake buga su, ta haka ƙungiyoyi irin su Bembeya Jazz suka isa kunnen yaran da aka haifa bayan zamaninsu. Bayan rasuwarsa ɗiyarsa Binetou Sylla ta karɓi ragamar kamfanin.

Ga godiya, ga kuma abin takaici: babban rumbun waƙoƙin ƙasashe da dama ya taru ne a hannun kamfani guda, a wata ƙasa ta nesa. Nijar ma ta ɗanɗana irin wannan. Kaset ɗin da Mamman Sani ya ɗauka a Yamai a 1978 ya daɗe a ajiye, sai a 2013 kamfanin Sahel Sounds na Amurka ya sake fitar da shi duniya ta ji. Ba laifin baƙon da ya tsinta ba ne. Abin tambaya shi ne, me ya hana ɗan gida rigan shi?

Malamai sun saba koya wa ɗalibi ya duba sunan mawallafi da maɗaba'a kafin ya buɗe littafi. Faifai ma ya cancanci haka. Ƙungiyoyin raya al'adu da ke shirya wa mawaƙa dandali za su ƙara wa aikinsu daraja idan suka riƙa bincikar wa ya ɗauki sautin, wa ke riƙe da asalinsa, kuma da wace yarjejeniya. Waƙar da aka rera a dandali takan watse tare da taro, wadda aka ɗauka kuwa takan zauna a hannun wanda ya biya kuɗin ɗaukarta.