Fansa Iri Biyu a Fim Ɗin Man on Fire

Kalmar fansa tana da fuska biyu a Hausa. Muna cewa Almasihu ya fanshe mu, muna kuma cewa wane ya ɗauki fansa. Fim ɗin Man on Fire, wanda Tony Scott ya ba da umarni a 2004, ya rataya ne tsakanin waɗannan biyun, kuma matasan ikilisiyoyinmu da yawa sun kalle shi.

Denzel Washington ya fito a matsayin John Creasy, tsohon jami'in leƙen asirin Amurka, mashayi, wanda jinin da ya zubar ya hana shi barci. An ɗauke shi gadin wata yarinya, Pita, a birnin Meziko. Yana karanta Littafi Mai Tsarki, amma bai gaskata akwai gafara dominsa ba. Har ya so kashe kansa, harsashin ya ƙi tashi. Abin da ya dawo da shi cikin mutane shi ne nacin yarinyar nan: tambayoyinta, koyon iyo, sarƙar Yahuza mai tsarki da ta ba shi. A nan fim ɗin ya faɗi gaskiya. Ta hannun mutum alheri yakan iso ga wanda ya fid da zuciya, kuma mai kiwon tumaki ya kamata ya lura da wannan.

Da aka sace Pita, labarin ya juya. Creasy ya shiga azabtarwa da kisa, fim ɗin kuwa yana jan mu mu ji daɗi. Ya ɗauko Romawa 12:21 tun da fari, amma ya tsallake aya ta 19, inda aka bar ramako a hannun Allah. Mafi muni, Creasy ya miƙa wa mahaifin yarinyar harsashin nan da ya ƙi tashi, don ya kashe kansa. Jinƙan da ya samu ya hana wani.

A ƙarshe ya ba da kansa aka saki Pita. Wasu sukan ruga su kwatanta wannan da Markus 10:45. A yi hattara. Creasy yana neman biyan bashin zunubinsa ne da jininsa, Almasihu kuwa ba shi da bashi.

Wanda zai kawo wannan misali a wa'azi ya tuna cewa a gabansa akwai iyalan da suka sayar da gona suka biya kuɗin fansa. Wasunsu suna marmarin wani Creasy, kuma za su tambayi fasto bayan sujada me ya sa ba za su rama ba.