Hannun da ke tatso mai daga gyaɗa

A ƙauyukan Dawakin Tofa da Bichi da Ɗambatta, inda gona ke manne da gona, matar aure kan riƙe sana'a guda ba tare da ta taka ƙofar gida ba. Kayan aikinta kasko da turmi da taɓarya da faifai. Abin da take fitarwa kuwa man gyaɗa ne mai ƙamshin da na kamfani bai kama ƙafarsa ba.

Daga suya ake gane gwana. In gyaɗa ta ƙone, mai ya yi duhu da ɗaci. In ba ta soyu ba, sai ta hana manta. A murje, a sheƙe, yara su kai inji a niƙo.

Sai babban aikin. Za ta juye ƙullun a turmi, tana juyawa da taɓarya, tana yayyafa ruwan zafi kaɗan-kaɗan. Ba ta da ma'auni, nauyin da take ji a damtsenta ne ke gaya mata ya isa. Ruwa ya yi kaɗan, mai ya maƙale. Ya zarce, ƙullu ya caɓe, jari ya tafi. In ta dace, sai ƙullun ya dunƙule, mai ya fara tsattsafowa har ya kwanta a sama, ta kwashe, ta matse tunkuzar da hannu. Wannan ilimi ne, kuma a gindin turmi 'ya ke ɗaukarsa daga uwa. Kusan haka matan Maroko ke cuɗa niƙaƙƙen ƙwallon itacen argan da ruwan ɗumi, har UNESCO ta sanya sana'arsu cikin gadon al'adun duniya a 2014.

Tunkuza ba ta zama shara. A mulmula ta, a soya cikin manta, ta zama ƙuli-ƙuli: na kwaɗon zogale, na yajin tsire, na ɗan makaranta. Sau da yawa man gyaɗar uwar kuɗi kawai yake mayarwa, riba tana cikin ƙuli. Da ita ake zubin adashi, ana tara wa yarinya kayan ɗaki.

Dalar gyaɗar Kano ta rushe, cutar da ta afka wa gonaki a 1975 ta ƙarasa ta, amma matan nan ba su ajiye taɓarya ba. Mai karatu, in an kawo maka kwalbar mansu, ka saya da daraja, kada ka tsananta ciniki.